Babban Yatsana a Kan Bututun Gas

Sautin na fara ji kafin warin. Na ɗaga farantin saman murhun ke nan, na tokare shi da sandar Baba, sai na ji wani abu ya ce tas a ƙarƙashi, kamar an tsinke zare. Bayansa sai wani siririn huci ya biyo, irin na tayar babur da ƙaya ta soka. Na tsaya cak. An faɗa mani tukunyar gas ɗin gidan ba komai a cikinta, kuma tukunyar da ba komai a cikinta ba ta huci.

Yau kwana goma sha ɗaya ke nan da faruwar abin. Saboda ku nake rubuta wannan, Bilkisu da sauran ƙawayena da muka gama sakandare tare, ku da kuke ta cewa in koya maku gyaran murhun gas kafin Sallah, wai ai sukuru huɗu ne kawai, a kwance a ɗaura. Zan koya maku in Allah ya yarda. Amma sai kun fara jin yadda na zo wurin nan, da abin da ya same ni a wancan kicin ɗin na Safana.

Sunana Hauwa'u. Sunan mahaifiyar Baba aka sa mani, shi ya sa bai taɓa kiran sunan ba, Uwata yake ce mani. A Batsari kowa ya san rumfarsa kusa da tasha, Malam Isiya mai risho. Tun kafin a haife ni yake canza lagwani, yana liƙe tankin risho, yana gyara fitilar ƙwai. Da kananzir ya gagari talaka, risho ya mutu, sunan kaɗai ya bar mashi. Sai ya je wurin 'yan gwangwan ya sayo wani mataccen murhun gas mai kai huɗu, ya yi wata biyu yana kwance shi yana haɗawa, har ya san cikinsa kamar yadda ya san aljihunsa.

Matsala biyu suka taso mashi. Ƙananan murhu na kan tebur ana ɗauko su a kawo rumfa, amma manyan nan masu kai huɗu da ake sa wa amare a kayan ɗaki ba su fita daga kicin, namiji kuwa ba ya shiga gidan matan aure. Ta biyu, yanar ido ta fara rufe mashi gani, ƙaramin sukuru in ya faɗi ƙasa sai dai ya lalube shi. Ranar da na kawo sakamakon jarrabawata, ya riƙe takardar a juye, ya ce, "Madalla. To Uwata, tunda kina da ido, ni kuma ina da sani, ai sai mu haɗa."

Wata ukku na farko bai bar ni na taɓa sukuru ko ɗaya ba. Wanke kawunan murhu nake yi da toka da ruwan zafi, ina kaɗa ruwan sabulu har ya yi kumfa. Wani lokaci ya kai ni fili bayan rumfa, ya sa in juya baya, ya ɗan buɗe tukunya, ya ce in ɗaga hannu da zarar hancina ya ji. In na makara sai ya ce, "An yi jana'izarki tun ɗazu, har an watse." Shi ya koya mani cewa gas ba ya tashi sama kamar hayaƙi. Nauyi gare shi, ƙasa yake kwanciya ya riƙa malala kamar ruwa, yana bin ƙofa yana neman inda wuta take.

Bayan nan ya koya mani jerin aikin, kuma ba a tsallake ko ɗaya. Na farko tukunya: ki gan ta da idonki, ki rufe ta da hannunki, ki cire kan da ke haɗa ta da tiyo. Sai taga da ƙofa, a buɗe su. Sai wutar da ke gidan, a kashe. Daga nan ki sauke ƙarafunan ɗora tukwane, ki ɗebe kawunan ki jera su a faranti yadda suke zaune a murhun, domin na baya ba ya hawa gurbin na gaba. A ƙarƙashin kowane kai akwai ƙananan sukurori da suka riƙe gindinsa da farantin sama. Wanda ya manta su ya ɗaga, ya lanƙwasa siraran bututan da ke ƙasa, kuma bututun da ya lanƙwashe ba ya komawa daidai. Sannan ki naɗe bakin wuƙa da tsumma don kada ki kankare fentin amarya, ki zura ta gaba ki danna maƙalan guda biyu. Ki ɗaga kamar faɗin yatsa biyu, ki leƙa, ki tabbata ba abin da ya maƙale, sannan ki ƙarasa ɗagawa ki tokare.

Kayan aikina duk a tsohuwar jakar makarantata suke. Sukundireba biyu, filaya, ƙaramin sifana, tsohon burushin haƙori, kwalbar ruwan sabulu. Akwai gwangwanin tumatir da Baba ya manna wa maganaɗisun lasifikar rediyo a gindi, don kada sukuru ya gudu. Akwai silin waya guda da muka zare daga kebul ɗin birkin keke, da shi ake tsokace 'yar kafar da gas ke fitowa. Ba a sa allura, allura tana buɗa kafar, wuta ta koma ja ta riƙa baƙanta tukunya. Sai sandar tokare, wadda Baba ya sassaƙa daga icen marke ya yi mata baki biyu. Ya ce ƙarfe in ya zame yana iya tartsatsi, ice kuwa sai dai ya buge ki.

Aikina na farko ni kaɗai a gidan wani malamin firamare ne a cikin Batsari. Baba yana zaure yana shan fura da maigida, ni ina ciki gumi yana zuba mani. Da na ɗaga farantin, abin da na gani ya isa a yi kasuwa: busasshiyar miya, shinkafa, cokalin shayi biyu, da ɗan kunnen zinare ƙwaya ɗaya. Matar gidan ta dafe kai. Shekara biyu ke nan tana gaba da ƙanwar mijinta a kan wannan ɗan kunnen. Ko mayafi ba ta gyara ba ta fita neman gafara, ta bar ni da murhu a buɗe. Tun daga ranar, duk abin da ya ɓace a unguwar sai a ce a kira ɗiyar mai risho ta ɗaga murhu.

Akwai kuma wata Bafulatana da suka taso daga wajen Yasore suka zauna a gari. Ɗanta ya saya mata babban murhu, ta kira ni wai yana wari. Na buɗe ƙofar gashin da ke ƙasa, sai ga ƙwarya ukku na nono a jere. Ba ta taɓa kunna shi ba. Ta ce ita dai ta ga ɗaki ne mai ƙofa da kyanwa ba ta iya buɗewa. Na koya mata kunnawa, ta yi ta ja da baya tana salati, ta sallame ni da man shanu. Har yau nono take ajiyewa a ciki.

Shekarar da ta fi mana wuya ita ce shekarar da hanya ta lalace. Mutanen ƙauyuka suka cika gari, ba mai shiga daji yin itace, mata suka ruga wa gas. Muka ce kakarmu ta yanke saƙa, ashe ba haka ba. Ba a jima ba gas ɗin ma ya yi tashin da ba mai iya taɓa shi, masu kawo shi suka rage zuwa. Aka koma kara da gawayi, aka lulluɓe murhuna da leshi aka jera kuloli a kai. Sai mu yi sati ba wanda ya yi mana sallama. Baba ya koma liƙin bokiti da tukwane. Amma kullum da safe sai ya sa na kwance tsohon murhun nan na 'yan gwangwan na mayar, wani lokaci da ɗankwali ɗaure a idona. In na yi ƙorafi ya ce, "Bar su su rufe, Uwata. Ɓera da tsatsa da zanzaro suna can ƙarƙashin leshi suna yi mana aiki." Haka kuwa aka yi. Da abubuwa suka ɗan lafa, kira ya yi ta zuwa har daga Safana.

To, kiran da ya kai ni wancan kicin ɗin daga gidan wani mai sayar da hatsi ne, Malam Lawal. Matarsa Shafa'atu ta haihu, suna saura kwana biyu, ana son murhu ya tashi saboda baƙi. Ranar kasuwar Batsari ce. Mu muka hau mota zuwa Safana da safe, shi kuma ya hau zuwa Batsari da buhunansa, ina jin a hanya muka yi saɓani. Baba ya zauna a zaure kamar kullum, ni na yi sallama na shiga.

Gidan ƙamshi kawai yake, turaren wuta ta ko'ina, kamar yadda gidan jego yake. A tsakar gida, taku kaɗan daga ƙofar kicin, ga murhun duwatsu da aka dafa ruwan wankan jego, an ɗora tukunyar kunun kanwa a kan sauran wutar. Wadda ta tarbe ni uwar maigidan ce, Gwaggo Dije, 'yar gajeruwar tsohuwa mai goro a kunci. Na durƙusa na gaishe ta, muka yi ta jera gaisuwa, gida, gajiya, hanya, mai jego, baƙuwa.

Ta dube ni sama da ƙasa ta ce, "Ke ce makanikan? Wanga hannu naki ko tuwon mutum biyar ya taɓa tuƙawa?"

Na ce, "Gwaggo, ai tuwon ƙarfe yake tuƙawa."

Ta yi dariya har goro ya kusa faɗo mata. Ta ce, "Shiga ki gani. Amma ki yi haƙuri da wari, ɓera ne ya mutu a wani lungu, kwana huɗu muna nema. Kullum sai na turara wurin."

Na tambayi inda tukunya take. Shafa'atu ta amsa daga ɗakinta, wanda bango ɗaya ne ya raba shi da kicin. Ta ce tana baya, cikin kejin ƙarfe da maigida ya sa aka yi saboda ɓarayi, tiyon ta cikin bango ya shigo. Na zagaya na gani. Keji ne mai ƙananan idanu, ko yatsa biyu ba su shiga, ga ƙaton kwaɗo. Makulli yana aljihun Malam Lawal, Malam Lawal yana Batsari.

Shafa'atu ta ce, "Kada ki damu, ƙanwata, ai babu komai ciki. Tun kafin in haihu ya ƙare. Ko an murɗa ba ya kamawa."

A nan ne na yi kuskuren. Abin da ya kamata in yi shi ne in koma zaure in faɗa wa Baba. Na san abin da zai ce: mu koma gida, sai gobe. Na tuna tsawon hanyar, na tuna suna jibi, na ji kunyar in ce wa mai jego ban yarda da maganarta ba. Na shiga kicin na murɗa makunnan huɗu ɗaya bayan ɗaya, na kara kunne, shiru. Sai na ce a raina ai gaskiyarta. Ban tuna zanzaro ba. Daga baya aka ga kai biyu kunu ne ya toshe su, biyun kuma zanzaro ya yi gini a ciki ya shafe ƙofar da laka. Ko wutar tsakar gida ban ce a kashe ba, don mi za a kashe wa mai jego kunu saboda tukunyar da ba komai? Warin da na ɗan ji kuwa, turare ya danne rabinsa, rabin na bar wa ɓeran Gwaggo.

Sauran aikin na yi shi tsaf. Ƙarafuna, kawuna, sukurori cikin gwangwani, wuƙa da tsumma. Na ɗaga yatsa biyu na leƙa, amma kicin ɗin da duhu, tagarsa ɗaya ce 'yar ƙarama. Na ƙarasa ɗagawa na tokare. Sai tas, sai huci.

A ƙarƙashin farantin, ta gaba, akwai babban bututu da ke raba gas ga makunnai. Muddin tukunya a buɗe take, cike yake. Tsatsa ta huda shi, wani kuma ya taɓa yi mashi dabara: ya cusa sabulu, ya naɗe da robar tayar babur, ya ɗaure da waya, ya maƙale bakin wayar a jikin farantin sama. Ɗagawar da na yi ita ta fizge liƙin gaba ɗaya. Ban yi shawara da kaina ba, babban yatsana na dama kawai na gani a kan ramin. Hucin ya tsaya. Amma ƙarfen da ke ƙarƙashin yatsan laushi gare shi kamar ƙanzo ya sha ruwa. Na san in na danna da ƙarfi zai burma, in na sassauta zai huce.

Ina cikin haka na ji takun silifa da 'yar waƙa. Na waiga. Gwaggo Dije ce tafe da kaskon turare a hannu, garwashi jajir, hayaƙi yana tashi, ta nufo ƙofar kicin don kada warin ɓera ya dame ni.

Ni da ko 'yar uwata ban taɓa ɗaga wa murya a gaban manya ba, na ji bakina ya ce, "Gwaggo, tsaya nan! Kada ki ƙara taku ɗaya! Koma!"

Ta tsaya baki buɗe. "Ke! Ni kike wa tsawa a gidan ɗana?"

"Gas ne, ba ɓera ba ne! Jefa kaskon a ruwa! Ki kashe wutar kunun nan! Baba! Baba!"

Allah ya yi wa tsohuwar nan albarka. Ta dubi fuskata sau ɗaya, ta juya ta dulmiya kaskon cikin bokitin wanki, ta ɗauki bokitin ta sheƙa a murhun duwatsu, toka ta tashi. Tana yi tana faɗa: "Turaren da na haɗa da hannuna tun watan azumi! Kunun ɗiyar mutane!" Ta ƙara bokiti na biyu.

Daga zaure na ji muryar Baba, ba gaggawa a cikinta. "Uwata, mi ya faru?"

Na faɗa mashi a taƙaice. Bai tambaye ni don mi ban rufe tukunya ba. Ya ce, "Yatsan ya toshe?"

"Ya toshe, amma ƙarfen ruɓaɓɓe ne."

"To kada ki motsa, kada a ja murhun. Kada kowa ya taɓa makunnin lantarki. Hajiya, a fitar da mai jego da jaririya maƙwabta. Kuma ina neman izini in shigo."

Gwaggo ta ce, "Jaririyar da ba a yi suna ba ta fita waje? A ina aka taɓa yi?" Amma ta nufi wurin mai jego. Sai ga ta ta fito daga ɗakin da jaririyar a ƙirji, lulluɓe da zanenta, Shafa'atu tana bin ta a hankali tana dafa bango. A bakin zaure na ji Gwaggo tana cewa, "Shigo mana, Malam, yau wa ke ta kulle!"

Shekara huɗu muna aiki tare, ranar ce ta farko da Baba ya taka cikin gidan wani. Aka nuna mashi bayan kicin. Na ji yana shafa kejin, yana jinjina kwaɗon. Ta ramin da tiyo ya ratsa bango muryarsa take zuwa mani, kamar yana bayan kunnena. Ya ce kwaɗon ba ya yankuwa, kuma ba za a doke shi da guduma ba saboda tartsatsi, amma ƙarfen da aka rataya shi mai taushi ne. An kira Malam Lawal a waya daga waje, ya ce ko yanzu ya samu mota sai bayan azahar. Baba ya aika aka aro zarto wurin mai walda, ya ce a ba shi man gyaɗa ya riƙa ɗiga wa bakinsa.

Gwaggo ta dawo ita kaɗai. Na ce ta fita. Ta ce, "Ni na sa aka kira ki gidan nan. In fita in ce wa uwarki mi?" Baba ya ce to ta ɗauki faifai ta riƙa kora iskar ƙasa tana fitar da ita ƙofa. Ta durƙusa da tsufanta tana fifita daɓe kamar mai sheƙar gero. Da ta ga gwiwar hannuna ta fara rawa, ta matso ta sa kafaɗarta a ƙarƙashi. "Ɗora nan. Na goyi 'ya'ya tara, hannun makanike ba zai karya ni ba."

Zarton ya fara, ƙiƙi-ƙaƙa, a hankali, domin da lalube Baba yake yi. Kaina ya fara nauyi, bakina yana ɗaci. Yatsan ya daina zafi, ya zama kamar ba nawa ba, wannan ya fi ba ni tsoro, domin ban san ko ina dannawa ba ko na saki. Sau ɗaya na ji ɓarɓashin tsatsa ya zube, huci ya ɗan dawo ta gefe, na mirgina yatsan kaɗan ya sake yin shiru. Na ce, "Baba, yana faɗaɗa."

Zarton bai tsaya ba. Ya ce, "Na ji. Faɗa mani, in wuta ta yi ja, mi ke nan?"

"Iska ta yi mata kaɗan, ko kai ya yi datti."

"In tana tsalle tana barin kai?"

"Iska ta yi yawa."

"Allura fa?"

"Ba a sa allura."

Gwaggo ta ce, "Ikon Allah. Gida zai tashi da mu, su suna makaranta." Ta ɗaga murya: "Malam, man gyaɗan nan na suna ne fa, a riƙa tausaya mashi!"

Baba ya ce, "Hajiya, in mun fita lafiya ni zan soya maki naman."

"Da wanga ido naka? Sai ka soya mana takalmi."

Na yi dariya, hawaye suna zuba a kan bututun. Haka ya yi ta jefo mani tambayoyi, tun daga ranar da na fara wanke kawuna, ina amsawa, tsohuwa tana fifita tana tsoma baki. Ban san tsawon lokacin ba. Na dai ga hasken da ke shigowa ta 'yar tagar ya sauka daga bango ya kai ƙafata. Sai na ji ƙarfe ya faɗi ƙasa, ƙofar keji ta yi ƙara, sannan wani ɗan sauti, ƙwas, wanda na sani sarai, sautin cire kan tukunya.

Baba ya ce ta cikin ramin, "Alhamdu lillahi. Na rufe, na cire. Saki, Uwata."

Ban saki ba.

"Uwata, kin ji ni? Na ce ki saki."

Na ce, "Ban gani ba, Baba."

Gwaggo ta ɗago ta dube ni. "Ke, ubanki ne fa yake magana."

Na ce, "Ɗazu ma faɗa mani aka yi."

Sai na ji Baba yana dariya, irin wadda yake yi in na haɗa murhu ido rufe ban bar sukuru ko ɗaya a gwangwani ba. Na ji yana nishi, ana jan abu mai nauyi a ƙasa, yana zagayowa. Ya bayyana a ƙofar kicin, hularsa a karkace, rigarsa duk man gyaɗa, yatsunsa biyu suna jini, rungume da tukunyar da aka ce ba komai a cikinta, wadda da ƙyar yake ɗaga ta. Ya dire ta a bakin ƙofa inda haske yake, ya juyo da kanta wajena.

"Ga ta. Duba da idonki."

Na duba. A rufe take, kanta tsirara, ba tiyo a jikinta. Na so in ɗaga yatsan, ya ƙi tashi. Baba ya shigo yana laluben bango, ya kama wuyan hannuna, ya ɓamɓare shi a hankali kamar yadda ya koya mani cire tsohon lagwani. Bututun ya ɗan yi ajiyar zuciya sau ɗaya, ya yi shiru. A tsakiyar yatsana ga zoben tsatsa ya nutse cikin fata. Daidai lokacin ladanin unguwar ya fara kiran azahar.

Baba ya durƙusa ya kai hancinsa daf da daɓe, ya shaƙa nan, ya shaƙa can, ya miƙe yana dafa gwiwa. Gwaggo ta ce, "To yanzu in hura wuta in sake kunun?"

Ya ce, "Sai la'asar, Hajiya. Turare kuwa sai gobe."

Ya juyo gare ni, bai saki hannuna ba. "Mi ne ne na farko?"

Na ce, "Tukunya."

Ya ce, "To shi ke nan. Kin tsira, Uwata, duk mun tsira. Fito ki sha iska."